Tsutsar Fayin Mai Jerin Gwano: Yadda Take Rayuwa da Hanyoyin Shawo Kanta a Gandun Daji

Gabatarwa

Ya kai manomi, da kai ma'aikacin gandun daji, darasinmu na wannan karo ya shafi wata tsutsa ce da ta daɗe tana addabar dazuzzukan ƙasashen da ke kewaye da Bahar Rum. Masana kimiyya suna kiranta Thaumetopoea pityocampa, an kuma fara bayaninta a kimiyyance a 1775. Mu kuwa a nan za mu kira ta tsutsar fayin mai jerin gwano, domin ganyen bishiyar fayin ne abincinta, kuma idan za ta yi tafiya sai ta jeru ɗaya bayan ɗaya, kan wannan a gindin waccan, tamkar gwano.

Wannan tsutsa ba ta cikin ƙwarin da ke ƙasarmu Nijeriya. Amma akwai dalilai uku da suka sa ya kamata ka san ta. Na farko, muna da gandayen fayin da aka dasa a wurare irin su tsaunukan Jos, da Mambila, da Afaka kusa da Kaduna, kuma mai dukiya shi ya fi cancanta ya san ɓarawo tun bai zo ba. Na biyu, tana da 'yan uwa na kusa a dazuzzukanmu. Na uku, labarinta yana koya mana abin da ke faruwa idan aka cika daji da irin itace guda, da kuma yadda ake yaƙar ƙwaro ta hanyar sanin rayuwarsa maimakon dogaro da feshi kaɗai.

Bishiyar fayin da ƙasashen da tsutsar take

Fayin bishiya ce mai tsayi wadda ganyenta siriri ne kamar allura, ba ta kaɗe ganye gaba ɗaya a kowane lokaci na shekara. Ana samun katako daga gare ta, da ɓargon yin takarda, da wani ƙaro mai danƙo da ake sarrafawa a masana'antu. Ka kula kada ka rikita ta da bishiyar kasuwarina da ake dasawa a bakin titi da makarantu a ƙasarmu. Suna kama a ido, amma danginsu daban ne.

Ana samun tsutsar a Fotugal, Sifen, Faransa, Italiya da Girka, sannan a arewacin Afirka kamar Maroko, Aljeriya da Tunisiya. A gabashin Bahar Rum, wato yankin Turkiyya da Kubrus da Labanan, akwai 'yar uwarta mai suna Thaumetopoea wilkinsoni wadda halinsu kusan ɗaya ne. Ta fi son baƙar fayin, wato Pinus nigra, amma tana cin Pinus sylvestris da Pinus pinaster da fayin Halab, wato Pinus halepensis. Tana kuma kama itacen sida na tsaunukan Atlas.

Ka riƙe wannan a zuciya kafin mu ci gaba: yanayin waɗannan ƙasashe ya sha bamban da namu. Zafi da fari suna zuwa ne daga Yuni zuwa Agusta, sanyi da ruwan sama kuwa daga Nuwamba zuwa Maris. Abin mamaki game da wannan tsutsa shi ne a tsakiyar sanyin take cin abinci tana girma, lokacin da yawancin ƙwari suke kwance.

Matakan rayuwarta

Rayuwar wannan ƙwaro tana da matakai huɗu: uwa mai fukafuki, ƙwai, tsutsa, da kwanci a cikin ƙasa. A bisa al'ada zagaye ɗaya take yi a shekara.

1. Uwa mai fukafuki. Uwar tsutsar wani irin faɗa-wuta ne mai launin toka, dangin malam-buɗe-littafi da ke yawo da dare. Faɗin fukafukanta idan ta buɗe yana tsakanin santimita 3 zuwa 5, kuma macen ta fi namijin girma. Tana fitowa daga ƙasa tsakanin Yuni da Satumba. A wurare masu sanyi da kan tsaunuka takan fito da wuri, a wurare masu ɗumi kuma a makare. Ba ta cin komai, kuma ba ta wuce kwana ɗaya ko biyu a duniya. Macen tana fitar da wani ƙamshi da ke janyo namiji daga nesa, su haɗu, ta yi ƙwai, sannan ta mutu. Takan fi zaɓar bishiyoyin da ke bakin daji, ko waɗanda suka fi sauran tsayi, ko waɗanda ke tsaye su kaɗai.

2. Ƙwai. Mace ɗaya tana yin ƙwai daga 70 zuwa 300 a wuri guda. Tana jera su ne kewaye da alluran ganye biyu, su zama kamar ɗan ƙaramin zangarniyar gero mai tsawon santimita kaɗan, sannan ta lulluɓe su da wasu ɓawo-ɓawo na jikinta domin kariya. Ƙwan yana ƙyanƙyashewa bayan kwana 30 zuwa 45.

3. Tsutsa. Wannan ne matakin ɓarna, kuma yana ɗaukar watanni da dama. Tsutsar tana da zango biyar na girma, tana yin saɓa tsakanin kowane zango da na gabansa. 'Yan ƙwai ɗaya ba sa rabuwa. Da farko suna saƙa 'yar ƙaramar sheƙa ta zare maras ƙwari, su cinye ganyen da ke kusa, su ƙaura gaba. Alamar farko da za ka gani ita ce 'yan rassa da ganyensu ya bushe ya zama ruwan ƙasa kusa da inda aka yi ƙwan.

Daga zango na uku abubuwa biyu suke faruwa. Gashin nan mai dafi yana fitowa a bayanta, sannan su saƙa babbar sheƙar hunturu, fara fat kamar dunƙulen auduga, a ƙarshen reshe ta ɓangaren da rana ta fi bugawa. Sheƙar tana tara zafin rana da yini, tsutsotsin su dunƙule a ciki suna narkar da abinci. Da dare sai su fito a jere su yi kiwo, kafin gari ya waye su koma. Bincike ya nuna cewa suna fita kiwo ne idan zafin cikin sheƙar ya haura digiri 9 a ma'aunin Salshiyos da rana, kuma sanyin dare bai sauka ƙasa da sifili ba. Sanyin da ya kai digiri 16 ƙasa da sifili yana kashe su. Tsutsar da ta gama girma tana kai kimanin santimita 4, bayanta ja-ja ne, gefenta kuma da farin gashi.

4. Jerin gwano da kwanci a ƙasa. Tsakanin Fabrairu da Mayu, wani wuri ma tun Janairu, tsutsotsin sukan bar sheƙa gaba ɗaya. Suna gangarowa ta jikin bishiya a layi ɗaya, kowace tana taɓa ta gabanta, kuma yawanci wadda za ta zama mace ce ke jan gaba. Layin kan kai mita da yawa. Idan sun sami ƙasa mai laushi wadda rana ke bugawa, sai su tattaru su nutse zurfin santimita 5 zuwa 20. A can kowace take saƙa wa kanta kwanso ta kwanta, har ta rikiɗe ta zama mai fukafuki.

A nan ne babbar wahalar yaƙi da ita take. Ba dukansu ke fitowa a shekarar ba. Wasu sukan ci gaba da kwanci shekara biyu, uku, har biyar ko fiye. Saboda haka dajin da aka tsabtace bana yana iya sake kamuwa baɗi daga waɗanda ke ɓoye a ƙasa.

Masanin ƙwari na Faransa, Jean-Henri Fabre, ya taɓa gwada ƙarfin wannan ɗabi'a ta bin na gaba a ƙarshen ƙarni na 19. Ya bar tsutsotsin suka hau bakin wata tukunyar shuka har layinsu ya haɗe ya zama zobe. Haka suka yi ta zagaye har kwana bakwai, ga abinci kusa amma babu wadda ta karya layi. Binciken da aka yi daga baya ya nuna cewa suna bin wani ƙamshi da suke bari a hanya, da kuma taɓa gashin juna. Ka tuna da wannan ɗabi'a, domin za ka ga yadda aka mayar da ita tarko.

Ɓarnar da take yi wa itatuwa

Ganye shi ne ɗakin girkin bishiya. Idan tsutsa ta cinye shi, bishiyar ba za ta iya haɗa abincinta ba, sai girmanta ya tsaya. Nazarin da aka yi a dazuzzukan Turai ya nuna cewa idan aka cinye fiye da rabin ganyen bishiya, girmanta na iya raguwa da kusan rabi, kuma takan ɗauki shekaru kafin ta murmure. Ga mai gandun katako, wannan yana nufin jinkirin sara da raguwar riba.

Babbar bishiya mai lafiya ba kasafai take mutuwa daga hari guda ba, domin takan sake toho. Haɗarin yana kan ƙananan dashe, da itatuwan da ke kan ƙasa maras albarka, da waɗanda aka cinye shekara biyu ko uku a jere. Irin waɗannan sukan raunana, sai ƙwari masu huda ɓawo da fari su ƙarasa su. Haka kuma yawan tsutsar ba ya zama daidai kowace shekara. Yakan hau ya kai ƙololuwa, sannan ya faɗi saboda yunwa da cututtuka da maƙiya, ya sake hawa bayan wasu shekaru.

Illarta ga mutane da dabbobi

A yau wannan ɓangare ya fi damun hukumomi a Turai fiye da asarar katako. Dogon gashin da ido ke gani a jikin tsutsar ba shi ne mai cutarwa ba. Mai cutarwar wani ɗan mitsitsin gashi ne da bai kai rabin milimita ba, mai ƙaya-ƙaya kamar mashi, wanda ke cikin wasu aljihuna a bayanta. Tsutsa ɗaya tana ɗauke da dubban ɗaruruwansa. Idan ta ji tsoro sai ta buɗe aljihunan, iska ta kwashe gashin. Yana ɗauke da sinadarai masu tayar da borin jini, waɗanda aka sa wa na farkonsu suna tawumetofoyin a shekarun 1980.

Duk wanda ya taɓa shiga cikin karara ya san irin wannan azaba. Alamomin su ne:

- Ƙaiƙayi mai tsanani da jajayen ƙuraje, musamman a wuya da hannuwa.
- Jan ido da kumburi da hawaye idan gashin ya shiga ido.
- Atishawa, ciwon maƙogwaro da sarƙewar numfashi idan an shaƙa.
- A wasu mutane ƙalilan, borin jini mai tsanani da ke iya kai wa ga halaka.

Ba sai ka taɓa tsutsar ba kafin ka kamu. Tsohuwar sheƙa da ƙasar da suka nutse suna riƙe gashin da dafinsa har fiye da shekara. Masu saran itace, makiyaya da yara su ne suka fi shiga haɗari. Cikin dabbobi kuwa kare ya fi kamuwa, domin yakan sunsuna layin ko ya lasa. Harshensa kan kumbura, wani sashe ya ruɓe ya faɗi. Dawaki da tumaki ma suna kamuwa a wurin kiwo. Saboda haka ne a watan Afrilu na 2022 gwamnatin Faransa ta sanya wannan tsutsa cikin jerin halittun da yaɗuwarsu ke barazana ga lafiyar jama'a.

Taimakon farko: kada a sosa. A cire tufafi a hankali a wanke su da ruwan zafi. A wanke jiki da ruwa mai yawa da sabulu. Ido kuwa a yi ta zuba masa ruwa mai tsabta, sannan a ga likita. Idan numfashi ya sarƙe, ko fuska da harshe suka kumbura, a garzaya asibiti nan take. Dabba kuma a ɗauraye bakinta da ruwa ba tare da gogawa ba, a kai ta wurin likitan dabbobi.

Yadda take ƙara yaɗuwa

Tunda sanyi ne ke taka mata birki, raguwar sanyin hunturu ta buɗe mata sababbin wurare. A tsakiyar Faransa iyakarta ta matsa arewa da kimanin kilomita 87 tsakanin 1972 da 2004, kuma saurin ya ƙaru zuwa fiye da kilomita 5 a shekara a shekaru goman ƙarshe na wannan lokaci. A tsaunukan Alfus na Italiya ta hau sama da mita 110 zuwa 230 tsakanin 1975 da 2004. Shi ya sa masana suke kafa misali da ita wajen nuna tasirin ɗumamar yanayi a kan ƙwari.

Ɗan Adam ma ya taimaka mata. An sami gungunta a wurare masu nisa da iyakarta, har kewayen birnin Faris, kuma bincike ya danganta wasunsu da manyan dashe da aka ɗauko tare da ƙasar gindinsu, kwanson yana ɓoye a ciki. Sannan a 1997 aka gano wani reshe nata a dajin Leiria na Fotugal wanda ya juya kalandarsa, tsutsarsa tana girma a tsakiyar zafi maimakon sanyi. Wannan ya nuna cewa ƙwaro na iya sauya hali, don haka sa ido ba ya ƙarewa.

Maƙiyanta na halitta

Kowane mataki na rayuwarta yana da mai cinsa:

- Ƙwai: wasu ƙananan zanzaro kamar Ooencyrtus pityocampae da Baryscapus servadeii suna yin nasu ƙwan a cikin nata.
- Tsutsa: ƙaramin tsuntsu Parus major yana huda sheƙa ya ci. Haka wasu tsuntsayen da gashin ba ya damunsu, da buzuzu mai sheƙi Calosoma sycophanta, da ƙuda mai suna Phryxe caudata.
- Kwanso: alhudahuda yana tono shi daga ƙasa da dogon bakinsa. Wasu nau'o'in funfuna ma suna kashe shi idan ƙasa ta jiƙe.
- Uwa mai fukafuki: jemagu da tsuntsayen dare.

Duk maganin da zai kashe waɗannan mataimaka ya ƙara wa tsutsar ƙarfi ne a shekaru masu zuwa.

Hanyoyin shawo kanta

Babu hanya guda da ta isa ita kaɗai. Abin da ke aiki shi ne a haɗa dabaru, kowace a lokacinta. Watannin da ke ƙasa na ƙasashen Bahar Rum ne.

1. Sa ido, Yuni zuwa Satumba. Tun 1981 masana suka gano sinadarin ƙamshin da macen ke fitarwa, aka kuma iya haɗa shi a masana'anta. Ana sa shi cikin tarko a rataye a bishiya domin ya kama maza. Babban amfaninsa shi ne sanin ranar da suka fi fita. Idan ka san wannan rana, ka ƙirga kwana 30 zuwa 45, ka san lokacin ƙyanƙyasa, ka san ranar feshi. A ƙananan wurare kamar lambu, yawan tarkuna yana rage haihuwa, amma a babban daji bai isa ba.

2. Feshi da ƙwayar cutar ƙwari, Satumba zuwa Nuwamba. Maganin da aka fi amfani da shi ana samunsa daga ƙwayar bakteriya mai suna Bacillus thuringiensis, nau'in kurstaki. Ana fesa shi a ganye. Idan tsutsa ta ci, sai ya lalata mata hanji, ta daina cin abinci, ta mutu cikin 'yan kwanaki. Ba ya cutar da mutum, tsuntsu ko ƙudan zuma idan an bi ƙa'ida, amma yana kashe sauran tsutsotsin da suka ci ganyen. Ka lura da sharuɗɗa uku: ya fi aiki a zango na ɗaya zuwa na uku, ruwan sama yana wanke shi, hasken rana kuma yana kashe ƙarfinsa cikin kwanaki. A da ana fesa shi da jirgin sama a kan dubban kadada, amma dokar Tarayyar Turai ta 2009 ta hana feshin sama sai da izini na musamman.

3. Yanke sheƙa, Nuwamba zuwa Fabrairu. Ana amfani da almakashi mai doguwar ƙota a yanke reshen da sheƙar take, a sa a buhu, a ƙone a wuri killatacce. A yi aikin da rana lokacin da tsutsotsin ke ciki. Mai aikin ya sa tufafi masu rufe jiki duka, da safar hannu, da tabarau, da takunkumi, ya kuma ba iska baya. Kada a yanke kan bishiya na tsakiya a ƙaramin dashe, domin hakan zai karkatar da girmanta.

4. Tarkon gindi, Janairu zuwa Mayu. Nan ne ake cin moriyar jerin gwano. Ana ɗaura wani kwararo kewaye da jikin bishiya, a toshe duk wata kafa, a bar hanya ɗaya tak mai zuwa cikin jaka da aka zuba wa ƙasa. Ta gaba tana shiga, sauran duk su bi ta, su nutse a ƙasar jakar suna zaton sun isa. Bayan an gama sai a cire jakar a ƙone. Dole ne a ɗaura tarkon kafin gangarowa ta fara, kuma kowace bishiya mai sheƙa da nata. Ya dace da makarantu, gidaje da wuraren shaƙatawa.

5. Taimaka wa tsuntsaye. A rataye akwatunan sheƙa domin tsuntsaye masu cin tsutsa, a bar tsofaffin itatuwa masu kogo domin jemagu da alhudahuda.

6. Tsarin dashe. Wannan ce hanya mafi ɗorewa. Gwaje-gwaje a kudu maso yammacin Faransa sun nuna cewa fayin da ke bayan shingen itatuwa masu faɗin ganye ya fi tsira, domin shingen yana ɓoye shi daga macen da ke neman wurin yin ƙwai, yana kuma ba maƙiyanta mafaka. A guji dasa nau'in da ta fi so a busasshen wuri mai fuskantar rana.

Magungunan guba masu kashe kowane ƙwaro su zama matakin ƙarshe, kuma a hannun ƙwararru kaɗai.

Darasi daga Aljeriya

A farkon shekarun 1970 ƙasar Aljeriya ta fara wani gagarumin shiri na kafa shingen itatuwa domin tare hamada, mai tsawon kimanin kilomita 1,500 daga iyakarta ta yamma zuwa ta gabas. A zangon farko kusan fayin Halab kaɗai aka dasa. Da itace iri ɗaya, mai shekaru ɗaya, a kan busasshiyar ƙasa, sai tsutsar ta sami akushi a buɗe. Ta zama ɗaya daga cikin manyan matsalolin shirin, tare da fari da yawan kiwo. Daga baya hukumomi suka koma ga gauraya itatuwa, har da na 'ya'ya da na abincin dabbobi, kuma a 2023 aka sake farfaɗo da shirin bisa wannan tsari.

Jihohi 11 na arewacin Nijeriya suna cikin shirin Babbar Ganuwar Itatuwa ta Afirka. Ko da yake ba fayin ake dasawa a can ba, darasin ɗaya ne. Shingen da aka yi da darbejiya zalla ko turare zalla yana jiran ƙwaronsa ne. Ka gauraya da bagaruwa, gawo, aduwa, kurna da zogale gwargwadon abin da ƙasarka ke karɓa.

'Yan uwanta a Nijeriya

A dazuzzukanmu akwai tsutsotsi na dangin Anaphe, waɗanda suke gida ɗaya da tsutsar fayin a rabe-raben masana. Su ma suna rayuwa a gungu, suna tafiya a jere, suna saƙa babbar sheƙa ta zare, kuma gashinsu yana sa ƙaiƙayi. Daga irin wannan sheƙa ne magabata suke samun zaren tsamiya da ake saƙa manyan riguna da yin aikin wuya, wanda Yarbawa ke kira sanyan. A kudu maso yamma, Anaphe venata tana cinye ganyen bishiyar katako ta obece. Ana kuma cin ta a wasu yankuna, kuma a 1993 aka danganta cinta da wata cutar karkarwa da ke zuwa da damina a ƙasar Ijesha. Daga baya aka tabbatar tana ɗauke da sinadarin da ke lalata bitamin B1 a jiki. Ka ga ke nan dangi ɗaya ya haɗa amfani da illa, kuma sanin rayuwarsa ne ke raba maka su.

Abin da ya kamata ka yi

1. Kada ka shigo da dashen fayin, ko rassa, ko ƙasar shuka daga waje ba tare da izini da binciken Hukumar Killace Amfanin Gona ta Ƙasa ba.
2. Ka riƙa zagaya gandunka a kai a kai, ka fara daga bakin daji da ɓangaren da rana ke bugawa.
3. Idan ka ga farar sheƙa a kan fayin, ko gizaka a jere, kada ka taɓa da hannu. Ka nisanta yara da dabbobi, ka sanar da malamin daji.
4. Ka rubuta ranar da ka ga ƙwai, tsutsa ko uwar kowane ƙwaro a gandunka. Cikin shekara biyu ko uku za ka sami kalandar da za ta nuna maka lokacin da ya fi rauni.
5. Ka hana harbin tsuntsaye da ƙona daji barkatai.

Tambayoyin bita

1. Lissafa matakai huɗu na rayuwar wannan ƙwaro, ka faɗi wanda ke yin ɓarna.
2. Me ya sa daji ke iya sake kamuwa bayan an tsabtace shi?
3. A wane zango ne feshin bakteriya ya fi aiki, kuma yaya ake sanin lokacinsa?
4. Wane darasi shirin Aljeriya ya koya wa mai dasa shingen itatuwa?

Kammalawa

Ka ga yadda kowace dabara ta fito daga wani hali na ƙwaron: ƙamshin mace ya ba da tarkon maza, taruwa a sheƙa ta ba da damar yankewa, jerin gwano ya ba da tarkon gindi, son bakin daji kuma ya ba da dabarar shinge. Haka za ka tunkari kowane ƙwaro a gonarka ko gandunka: ka san shi, ka san lokacinsa, sannan ka zaɓi makami. Rigakafi ya fi magani. Domin ƙarin bayani, tuntuɓi malamin gona ko ofishin gandun daji mafi kusa da kai.